Mai Yanke Wuyan Hotuna

Duk wanda ya taɓa shiga motar haya daga Rano zuwa Kibiya ya ga aikin hannun Baba Lado, ko da bai san shi ba. Shi ke rubuta allunan shaguna da bayan motoci. Wata rana da aka ɗauke wuta, ba ni da abin yi, na bi titi daga tasha zuwa kasuwa ina ƙirga allunan da ya rubuta, na sami arba'in da ɗaya, har da na shagona na kwafi da buga takardu. Cikinsu duka babu mai ɗauke da fuskar mutum ko ta dabba. Ko mai sayar da kaji, ƙwai ya zana masa. Amma mutumin nan da ba ya zana fuska, shi ne ya ƙare shekarun ganinsa yana jiran fuska ɗaya, ta wani da ba a taɓa haifa ba, yana fargabar kada idonsa ya rufe kafin a nuna ta.

Ba haka ya fara ba. A Rurum Tsohon Gari aka haife shi, gidan manoma, kuma tun yana makarantar allo yake shan bulala saboda zana tsuntsaye a bayan allonsa. Da ya girma ya tafi Kano, ya zauna a garejin masu ƙera bodin manyan motoci, ya koyi haɗa fenti da riƙon buroshi. Ya dawo Rano da suna. Direbobi kan ajiye mota su jira shi don ya zana musu zaki a ƙyauren baya, ko gaggafa riƙe da maciji, ko 'yan dambe biyu sun shirya. Waɗanda suka ga zakin sun ce idan kana bin motar a baya, duk inda ka kauce idon yana kanka.

A shekarar da aka ƙaddamar da shari'a a Kano, ya je wani wa'azi aka yi magana kan mai zana abu mai rai, da yadda za a ce masa ya busa masa numfashi ranar hisabi. Babu wanda ya kama sunansa, babu wanda ya bi shi gida. Shi da kansa ya dawo ya yi alwala, ya ɗauki alkawari a gaban amininsa Malam Ramalan, limamin masallacin unguwarsu, cewa hannunsa ba zai sake haɗa fuska ba. Washegari ya nemo direban da ya yi wa zaki na ƙarshe, ya shafe shi da koren fenti, ya zana masa furanni. Siyasa ta zo da aiki sosai, kowane bango ana neman hoton ɗan takara, shi kuwa sai dai ya rubuta suna da alamar jam'iyya, shi ma idan alamar ba mai numfashi ba ce. Da injinan buga manyan hotuna suka shigo, sai aka daina ma tambayarsa.

Lokacin da na buɗe shago ya haura sittin. Yakan zo in ƙara masa girman haruffa a injin kwafi, ya yanka su ya ɗora a allo. Wata rana yana zaune a benci yana jira, sai wani ɗan bautar ƙasa da aka turo sakandare a Kibiya ya kawo memori a buga masa wasu shafuka. Littafin zane ne na mutanen Japan, irin wanda suke kira manga, baƙi da fari, kowane shafi an raba shi gida-gida kamar hatimi, maganar kuma an juya ta zuwa Turanci. Injina ya tauna shafi biyu, na jefa su cikin kwali. Baba Lado ya sunkuya ya ɗauki ɗaya, ya miƙe shi a cinyarsa.

"Lukman, wa ya yi wannan?"

"Wani ɗan Japan ne, Baba. Abin samari ne."

"Da hannu?"

"Da hannu, ina jin."

Hoton wani lungu ne ana ruwan sama, mutum ɗaya tsaye a can ƙarshe ya juya baya. Babu jini, babu dodo. Ya daɗe a kai har na gama masa haruffansa na ajiye a gefe bai lura ba.

"Dubi nan," in ji shi. "Bai zana ruwan ba. Wurin da ruwan bai taɓa ba ya zana. Mai wannan hannun ba ya barci sosai. Ina sauran?"

Kafin ɗan bautar ƙasar ya tafi na kwashe abin da ke cikin memorinsa, ya kuma nuna mini inda ake samun sabon babi a intanet, wata-wata. An riga an yi babi saba'in da 'yan kai. Na fara buga wa Baba Lado, ina rubuta masa Hausar maganar da biro a gefen kowane gida, gwargwadon Turancina. Da na gaya masa daga dama ake karantawa zuwa hagu, sai ya ce ashe mutanen suna da tarbiyya.

Labarin wani ma'aikacin gidan waya ne, mai raba wasiƙu a wani ƙaramin gari, ya san fuskar kowa. Sunansa ya gagari bakin Baba Lado, sai ya sa masa Masinja. Wata safiya Masinja ya lura fuskar wata tsohuwa ta ɗan gota, tazarar idanunta ba kamar jiya ba. Washegari ta wani ce ta gota. Babu wanda ya lura sai shi, ko uwar mutum ba ta ganewa. Kuma duk ranar da haka ta faru, idan ya ɗaga kai, sai ya ga wani mutum tsaye nesa ya ba shi baya. Shekaru ana tafiya a haka, mutumin yana matsowa kaɗan-kaɗan, bai taɓa juyowa ba. Baba Lado ya sa masa Mai Ƙeya, sunan kuma ya bi shi har Kibiya.

Ni gaskiya labarin bai kama ni da farko ba. Na ƙirga, akwai babin da shafi goma sha ɗaya suka wuce babu wanda ya ce uffan. Na tambaye shi me yake ci a ciki.

"Dodon tatsuniya yana da baki da haƙora," in ji shi. "Ka san ta inda zai cije ka. Aljani kuwa akwai abin da ake karanta masa. Wannan fa, wa za ka kai wa ƙara? Ka je gaban alƙali ka ce fuskar matarka ta gota da faɗin ƙwayar gero?"

"To ai wahala ce wannan, Baba, ba daɗi ba."

"Ka taɓa sosa gyambo? Haka yake. Sannan ni na yi shekaru ina cika wa zaki ido da haƙori don a ji tsoronsa. Wannan yaron ya ɓoye fuskar, kuma ni da na san yadda ake ja kowane layi, sai in ga ina waige a hanyar masallaci."

Matsalar farko daga gida ta taso. Matarsa, Inna Jumai, ta ga tarin takardu cike da mutane, ta ce ba za su kwana mata a ɗaki ba, ba za ta kori mala'iku saboda mutanen Japan ba. Aka kai magana gaban Malam Ramalan. Ya ce a yi musu yadda ɗaliban Islamiyya ke yi wa hotunan littafin makaranta, a ja layi a wuya a raba kai da gangar jiki. Ya ƙara da cewa wasu malamai sun ce layi bai wadatar ba, amma ya fi babu.

Baba Lado ya sayi rula da baƙin biro mai siririn baki. Duk babin da na ba shi, sai ya zauna a bencina ya yanke wuyan kowa kafin ya kai gida. Hannun mai sana'a ne, layin yakan fita sumul kamar daga inji. Akwai wani shafi na tashar jirgin ƙasa, na ƙirga wuya sittin da uku, bai tsallake ko jaririn da ke goye ba. Mutum ɗaya kawai yake bari, Mai Ƙeya. Ya ce wanda ba a zana wa fuska ba, ba a gama shi ba, babu abin yankewa.

Samari suka fara leƙe, suna tambaya ko za a yi musu nasu. Ni kuwa ba na barin ciniki ya wuce ta ƙofata. Kwafin Baba Lado ne kaɗai mai Hausa a gefe, don haka daga nasa nake ɗauka a injin kwafi, da layukan da komai. Ban taɓa kawo komai a raina ba. Kafin shekara ta zagayo ina da masu karatu goma sha tara a Rano, ashirin da shida a Kibiya, inda nake aika ƙunshi ta hannun direba ranar kasuwa zuwa shagon wani tela, Mika'ilu. A shagonsa ake taruwa a yi ta musu, keken ɗinki yana tafiya.

Wata ranar kasuwa muka je Kibiya tare, shi zai rubuta wa mai sayar da taki allo, ni in kai ƙunshi da kaina. Muka zauna a shagon Mika'ilu shan ruwa. Ba su san dattijon ba, sun ɗauka wani baƙo ne na rako.

"Ku duka kun makance," in ji Mika'ilu, yana nuna su da almakashi. "Tun babi na ɗaya mutumin ya gaya muku, ku kuna karatu kamar masu cin kwaɗo. Ku duba wuyan Masinja. Ku duba na matarsa, da na tsohuwar. Kowa da zare a wuya."

"Salon zanensu ne," wani ya ce.

"Salon gidanku. To me ya sa Mai Ƙeya ba shi da shi? Na bi babi tamanin da allura, ba shi da shi ko sau ɗaya. Garin nan duk matattu ne, an daɗe da yanka su, ba su sani ba. Shi ya sa fuskokin ke gocewa, ruɓewa suke. Mai Ƙeya kaɗai ne mai rai. Ba ya juyowa ne don ba ya son ganinsu."

Keken ɗinkin ya tsaya. Na buɗe baki zan warware musu, sai na ji ƙafar Baba Lado a kan tawa, ya danne sosai. Ya ajiye kofi, ya yi musu godiya, muka fita.

A mota, an matse mu huɗu a baya tsakanin buhun albasa da wata akuya, muka yi ta tafiya har muka yi nisa. Sannan ya ce, "Da hannuna na ja layin nan, Lukman. Amma da telan nan ya yi magana, sai da tsigar jikina ta tashi."

"Ai kuskure ne, Baba. Gobe zan aika musu."

"Kada ka aika. Na bi labarin a kaina tun daga farko, babu inda maganarsa ta karye. Wataƙila shi kansa ɗan Japan ɗin bai san sun mutu ba."

Haka aka ci gaba. Mutanen Kibiya suna karanta nasu labarin, sauran duniya suna karanta nasu, kuma tun daga ranar Baba Lado ya daina hira idan yana jan layi.

Mika'ilu ne kuma ya fara ganin abin da ni da nake zaune da shi kullum ban gani ba. Ya aiko direba da saƙo wai in duba babi na ɗari da biyu, mutum uku ba su da zare, ko sun fara farfaɗowa ne? Na ɗauko na Baba na duba. Duka ukun a gefen shafi suke. Sai na tuna satin nan sau biyu ya buga gwiwa a bencin da ya yi shekaru yana zama a kai, ya kuma miƙa wa wani hannu bai ga na kusa da shi ba.

Ban tsaya shawara ba, na rufe shago na kai shi asibitin ido a Kano. Muna tafe ina ce masa yanar ido ce, kankarewa za a yi, mutum bakwai na sani da aka yi wa suka warke. Likita ta ce ba yana ba ce, hawan jinin ido ne, kuma ya daɗe yana ci ta gefe. Abin da ya tafi ba ya dawowa. Ta ba da maganin ɗigawa, ta ce zai rage masa gudu, ba zai tsayar da shi ba. Na tambaye ta shekara nawa, ta ce wannan ba a ƙirga shi.

Da muka fito bai yi maganar sana'a ba, bai yi maganar gona ba. Cewa ya yi, "Babi nawa ya rage?"

Babu wanda ya sani. Amma na ce masa zan gano. Na kwaso dukan babin na baje a kan tebur, na auna tsawon Mai Ƙeya da rula a kowanne. A na farko bai kai farcen ɗan yatsa ba, can ƙarshen lungu. A na ɗari da biyu ya cika rabin gida, yana bakin ƙofar Masinja. Na yi lissafina na ce masa idan aka ci gaba a haka, shekara biyu zai shigo ɗaki, kuma wanda ya shigo ɗaki dole ya juyo. Ya ce shekara biyu ba yawa, zai lallaɓa idon.

Wata huɗu bayan nan aka sanar mai zanen ba shi da lafiya, an dakata.

Wannan lokacin ne ba na son tunawa. Baba Lado ya kasa zama wuri ɗaya. Da safe ya leƙo, "Ya fito?" Bayan azahar ya sake biyowa, wai hanya ce ta biyo da shi, alhali gidansa yana wancan ɓangaren. Ya fara aiki ya bar shi rabi, akwai wani mai shayi da ya yi wata da watanni da allo mai rabin suna. Ya sa Malam Ramalan ya sa mai zanen cikin addu'ar marasa lafiya, liman ya ce zai roƙa masa lafiya da shiriya gaba ɗaya, tunda hanya ɗaya ce. Ni ma abin ya shige ni, ina cikin buga wa mutane takardun neman aiki sai in ga na buɗe shafin na duba. Ganinsa kuwa yana ta tsukewa, ya ce kamar mai leƙe ta cikin bututu. Na fara ɗaukar tsofaffin babin ina ƙara musu girma, gida ɗaya a takarda guda, babin da ke shafi ashirin ya koma ɗari da wani abu. Yakan kai takardar kusa da hanci, ya bi ta da kai daga kusurwa zuwa kusurwa.

Jan layi ya gagare shi. Inna Jumai ta ce ita dai ba za a shigo mata da su da wuya a haɗe ba, ta karɓi rula da biro. To, wanda zai nemo kowane wuya dole ya kalli kowane gida. Ba a yi wata ba sai ga ta a shagona da hijabinta, wai ta zo karɓar na baya da ba ta gani ba. Ta same shi a benci.

"Malam, shi wannan sakaran me ya hana shi ya zagaya ta gaba ya duba mutumin, kowa ya huta?"

"Ya gwada, a babi na arba'in. Ke lokacin kina korar mu daga ɗaki."

"Ya ga me?"

"Ya zagaya ya tarar da ƙeya."

Ta ja tsaki. "To wataƙila babu fuskar ma, kana ta ƙona idonka a banza."

"Akwai. Wanda ya zana kunnen nan haka ya san abin da ke gabansa. Kunne ba ya zama shi kaɗai."

"Ɗan nan, ba ni na arba'in ɗin," in ji ta.

Sai da aka kusa shekara sannan sabon babi ya fito. Na bar wani mai kwafin takardar fili tsaye, na buga, na hau babur na kai har gida. Mai Ƙeya ya shigo ɗakin Masinja, lissafina bai yi nisa da gaskiya ba. A gidan ƙarshe ya ɗan karkato, ana ganin kunne sosai da gefen kunci, siriri kamar jinjirin wata. A ƙasa an rubuta cewa mai zanen zai sake hutawa, ba a sa rana ba. Na so in tsallake wannan layin, amma Inna Jumai ta sa yatsa a kai ta ce, nan fa, me aka ce?

Baba Lado ya saurara. Abin da ya rage masa a lokacin bai fi faɗin bakin kofin shayi ba, a ido ɗaya. Ya riƙe takardar ya daɗe a kan kunnen. Sannan ya miƙo mini.

Kwana kaɗan bayan nan, tsakiyar bazara, bayan an sauko daga azahar, sai ga su su uku a bayan shagona, inda akwai dandamalin siminti da mata ke shanya barkono. Inna Jumai tana riƙe da kwanon ruwa da buhu a naɗe. Baba Lado yana riƙe da wani tsohon buroshi mai faɗi da ban taɓa gani ba. Malam Ramalan yana biye da su da butarsa, fuskarsa ba walwala. A gabana suka ƙarasa musun da suka taho da shi.

"Tambayata ɗaya ce, Liman. Idan aka zana da ruwa, goshi ya bushe kafin a kai haɓa, an haɗa fuska?"

"Lado, kai tun muna yara kake neman ƙofar baya."

"Amsa za ka ba ni."

"Ban taɓa karanta wannan a littafi ba, ba kuma zan ce maka ya halatta ba. Abin da na sani, a gabana ka ce ba za ka sake haɗawa ba. Zan tsaya a kanka. Idan na ga ta haɗu, butar nan zan juye mata."

"Na yarda. Ka tsaya ta dama, nan ne ba na gani."

Simintin yana da zafin da ba a taka shi ba takalmi. Inna Jumai ta shimfiɗa masa buhu, ya durƙusa, ya yi bisimilla a hankali, ya tsoma buroshi. Daga kunne ya fara, daidai yadda ɗan Japan ya bar shi, amma babba, ya kai faɗin faifai. Hannun da ya yi shekara ashirin yana rubuta haruffa da furanni bai manta ba. Ya ja kunci da layi ɗaya. Kafin ya kai ga ido, saman kunnen ya fara dushewa.

Na sa hannu a aljihu na jawo waya.

"Mayar da ita, ɗan nan," in ji Inna Jumai, ba ta ko kalle ni ba.

Na mayar. Sai na yi ƙoƙarin riƙewa a ka, ɓangare-ɓangare. Na ga ido ɗaya, ba ya kallon kowa, ya ɗan sauka ƙasa kamar na mai jiran a gama magana. Na ga na biyun bayan na farkon ya tafi. Na ga hanci, ba wani abu a cikinsa. Baba Lado yana rarrafe da gwiwa, fuskarsa dab da siminti, gumi yana ɗiga daga gemunsa yana bushewa tare da zanen. Bakin ne ya fi daɗewa a kai, ya koma masa sau biyu. Ba haƙora, ba murmushi, a ɗan buɗe kawai. Lokacin da ya ja haɓa, babu abin da ya rage a sama sai farin siminti. Na yi ta ƙoƙarin haɗa su a raina, har yau idan na kamo ido sai baki ya kuɓuce.

Malam Ramalan bai zuba ba. Butar ta karkace a hannunsa, ruwa yana tsiyaya a kan takalminsa bai sani ba.

Baba Lado ya zauna a kan dugadugansa, ya ajiye buroshin cikin kwano. "To," in ji shi.

"Malam, wa ka gani?" in ji Inna Jumai.

"Ba kowa ba ne. Mutum ne kawai. Irin wanda idan ya yi sallama za ki kawo masa ruwa."

"A'uzubillahi," in ji ta a hankali.

Liman ya kama shi ya miƙe, suka tafi yana masa faɗan cewa gwiwa irin tasu ba ta durƙuso a siminti ba ce.

Kafin a yi girbin dawa na shekarar, sauran ganin ya tafi. Allon mai shayi ne aikinsa na ƙarshe, ya ƙarasa shi da lalube, harafin ƙarshe ya ɗan hau sama. An ci gaba da labarin daga baya, yanzu muna babi na ɗari da talatin da takwas, Mai Ƙeya yana nan tsaye a ɗakin Masinja, kuncin bai ƙaru ba ko da faɗin zare, na auna. Masu karatuna a Kibiya sun haura arba'in. Mika'ilu ya lura zaren wuya ya ƙara kauri tunda ya koma hannun Inna Jumai, ya kuma gina wani sabon bayani a kai da ya ɗauke shi yini guda yana yi.

Ita ce yanzu mai leƙowa safe da yamma. Ta ce ta yi ta yi ta ba shi labarin sabbin babin ya ƙi saurare, ya kwanta ya yi barcinsa, ita ya bar ta da waige a tsakar gida. Makon jiya na same shi a ƙofar masallaci, a inuwa, shi da liman suna musu kan ko za a yi ruwa da wuri bana. Na gaishe shi na ce sabon babi ya fito.

"Kai wa Jumai, tun asuba take tambaya," in ji shi. "Idan kana da hanyar aika wa yaron nan na Japan saƙo, ka ce ina masa sannu da jiki. Ka ce ya bi a hankali, babu mai korarsa."